Fina-finan fitsara na Italiya: wa ya wanke su, kuma da wane ruwa?

A shekarar 2004, a bikin fina-finai na birnin Benis, wanda tun 1932 ake yinsa kuma babu bikin fim ɗin da ya girme shi a duniya, an ware sashe guda aka haska wasu tsofaffin fina-finan Italiya irin waɗanda a da in mai sharhi ya ji sunansu toshe hanci yake yi. Wai sarakunan fina-finan aji na biyu, haka aka raɗa wa sashen, daraktocin Amurka su Quentin Tarantino da Joe Dante su ne iyayen biki, kuma cikin abun da aka haska har da wani fim na Nando Cicero na 1982 mai suna W la foca, wanda sunan ma kansa habaicin batsa ne a yarensu, lokacin da ya fito kwashe shi aka yi daga gidajen silima. Shekara ashirin da biyu ke nan tsakani, fim ɗin dai shi ne, ko daƙiƙa ɗaya ba a ƙara masa ba, amma ya tashi daga bola ya hau kan teburin manya. To abun tambaya shi ne me ya canza.

Kafin nan bari in cire wani ruɗani, irin waɗannan fina-finai kult ake ce musu, mu kuwa nan in aka ce kult hankalin mutum ƙungiyar asiri ta 'yan jami'a yake tafiya, masu gatari da jan ƙyalle. A wajen masu fim kalmar na nufin fim ɗin da manyan masu sharhi suka raina ko kasuwa ta manta da shi amma wasu 'yan tsiraru suka riƙe shi gam, suna nemansa suna haddace shi suna gardama a kansa shekara da shekaru. Kuma ba tura kowa kallo nake yi ba dan Allah, galibin fina-finan nan tsiraici ne da wargin banza, abun da ya ja hankalina shi ne yadda mutunci ke hawa da sauka a duniyar fasaha, da kuma wa ke riƙe da sikelin.

A Italiya akwai abun da suke kira filone, wato jijiyar ma'adini a cikin ƙasa, in mahaƙi ɗaya ya dace kowa sai ya ɗauko digarsa ya zo wajen, a yi ta haƙa har sai ta ƙare a koma wata. Haka harkar fim ɗinsu take tun shekarun 1950, an yi yayin fina-finan ƙarti masu damatsa na zamanin Rumawa, aka yi na kaboyi, aka yi na kisan gilla mai baƙin safar hannu, to shi ma tsiraici jijiya ce aka tarar. Kuma abun dariyar wanda ya fara sara digar ba ɗan kasuwa ba ne, babban marubuci ne mai ra'ayin gurguzu, Pier Paolo Pasolini. A 1971 ya yi Il Decameron daga labaran Boccaccio na ƙarni na 14, ya ci kyauta a bikin fina-finai na Berlin, a 1972 ya yi na labaran Canterbury ya ci babbar kyautar Berlin gaba ɗaya, a 1974 ya yi na Dare Dubu da Ɗaya, e wannan dai da muka sani, ya je har Yaman da Habasha da Iran da Nepal ya ɗauka, ya ci kyauta a bikin Cannes na Faransa. Shi a tunaninsa jikin talaka shi kaɗai ne abun da 'yan jari hujja ba su riga sun saye ba, shi ya sa yake nuna shi tsirara ba kwalliya. Furodusoshi kuwa abun da suka gani daban, sun ga layi a bakin silima. Cikin shekara ɗaya zuwa biyu fina-finan kwaikwayo gommai suka fito, ko wanne da matar mai niƙa da mijin da aka yaudara da wani limamin coci mai kwaɗayi, har aka yi musu suna decamerotico. A watan Yunin 1975 Pasolini ya zauna ya rubuta takardar barranta daga fina-finan nasa uku, ya ce 'yancin da ya yi fafutuka a kai kasuwa ta ƙwace ta mai da shi haja. Abun nasa ya haifi ɗa mara ido kenan. Farkon Nuwambar wannan shekarar aka tsinci gawarsa a Ostia, bakin teku kusa da birnin Rum, an kashe shi.

Wanda ya fi suna a cikin 'yan kwaikwayon shi ne na Mariano Laurenti na 1972 wanda a taƙaice ake ce masa Ubalda, cikakken sunan doguwar jimla ce da ba zan fassara ba. Labarin wani soja ne wawa da ya dawo daga yaƙi, kafin ya tafi ya ɗaura wa matarsa wandon ƙarfe mai kwaɗo ya tafi da makulli, bai san makullan sun yi yawa a gari ba, shi kuma idonsa na kan matar maƙwabci. Shikenan fa labarin. Jarumar ita ce Edwige Fenech, haifaffiyar Annaba ta Aljeriya a 1948, kuma ita ce ta zama fuskar jijiyar da ta biyo baya, barkwancin tsiraici na zamani, inda take fitowa malamar makaranta yau, gobe likitar barikin soja, jibi 'yar sanda.

In ka kalli guda ɗaya kamar ka kalli hamsin ne. Mace ta shiga banɗaki ta rufe ƙofa, sai ga Alvaro Vitali, ɗan guntu mai kumatu, ya durƙusa ya manna ido a ramin makulli, kyamara ta koma ita ce idonsa har da zanen ramin makullin a gefen hoto, kiɗa ya canza, can sai a dawo kan fuskarsa yana zufa ido waje kamar an shaƙe kwaɗo, kafin ya ankara Lino Banfi ya iso ta baya ya zabga masa mari a ƙeya, ya kore shi, ya waiga hagu da dama sannan shi ma ya durƙusa a wajen. Sai wani abu ya faɗo masa a ka ko matarsa ta kama shi. Namiji a waɗannan fina-finai kusan kullum asararre ne, shugaban makaranta ne ko kanar ko ɗan majalisa mai wa'azin tarbiyya da rana, kuma ba ya taɓa samun abun da yake nema. Wannan shi ne abun da masu kare fina-finan suke riƙewa yau, wai ai izgili ake wa munafuncin manya. Akwai gaskiya a ciki ƙwarai, amma fa idon da ke ramin makullin na mai kallo ne, shi ya biya kuɗin tikiti, kuma ba izgili ya zo saya ba.

Sai ka san Italiyar lokacin kafin ka gane dalilin layin. Ƙasa ce ta Katolika, fadar Fafaroma na tsakiyar babban birninta, jam'iyyar Kirista ke mulki tun bayan yaƙin duniya na biyu. Sai a 1970 aka halatta saki, a 1974 aka kai maganar ƙuri'ar raba gardama kusan kashi 59 cikin ɗari suka ce a bar dokar. Sai a 1981 aka soke sassaucin da doka ke yi wa wanda ya kashe matarsa ko 'yarsa don wai kare mutunci, tare da dokar da ke yafe wa mai fyaɗe in ya auri wadda ya yi wa. Fyaɗe kansa sai a 1996 dokar Italiya ta mai da shi laifi a kan mutum, kafin nan laifi ne a kan tarbiyyar jama'a. Kaga al'umma ce da ƙafarta ɗaya ke coci ɗaya a waje, maza sun rikice, kuma fim ɗin ramin makulli ya dace da su daidai, a leƙa amma kar a shiga.

Inda abun ya fi ɗaukar hankalina shi ne kotu. Dokar 1962 ta kafa kwamitocin tace fina-finai masu hana 'yan ƙasa da 14 ko 18 kallo, amma ko kwamiti ya wuce da fim, mai gabatar da ƙara na iya sa a kwashe shi in wani ya kai koke cewa ya taɓa kunyar jama'a. Sai dai dokar laifuka a sashe na 529 ta ce aikin fasaha ba ya zama batsa. To ka ji fa, alƙali ya zama mai sharhin fim dole, shi zai zauna ya yanke ko wannan fasaha ce ko fitsara, lauyoyi su yi ta kawo marubuta da farfesoshi suna shaida. Kuma tunda kotun garin da aka fara haska fim ita ke da hurumi, sai furodusoshi suka koyi dabara, a kai fim wani ƙaramin gari inda ake kyautata zaton alƙalan ba su da zafi a fara haskawa can. Kwashe fim ma ya koma talla, in aka sake shi sai a rubuta a fosta da manyan baƙaƙe cewa kotu ta sake shi, layi ya ninka.

Fim ɗin Bernardo Bertolucci na 1972 da Marlon Brando, Ultimo tango a Parigi, shi ya sha mafi muni. A Amurka mai sharhin fim Pauline Kael ta yi masa yabon da har yau ake ambato, aka sa Brando da Bertolucci cikin 'yan takarar Oscar, a gida kuwa a Janairun 1976 kotun ƙoli ta ce a lalata kwafe-kwafensa, aka yi wa daraktan ɗaurin talala aka hana shi jefa ƙuri'a shekara biyar, sai 1987 aka wanke fim ɗin. Shekara da shekaru ana ba da wannan labari a matsayin jarumtar mai fasaha a gaban jahilcin alƙalai. Sai daga baya Maria Schneider, wadda shekararta 19 lokacin ɗauka, ta fito ta ce an wulaƙanta ta a wani fitaccen waje na fim ɗin, ba a gaya mata duk abun da za a yi ba sai dab da ɗauka, shi ma Bertolucci ya amsa da bakinsa a wata hira ta 2013 wadda ta tashi da ƙura a 2016 cewa da gangan ya ɓoye mata don yana son ya ɗauki ɓacin ranta na gaske. Wannan fa shi ne wanda kowa ya yarda fasaha ce. Shi ya sa in mai sharhi ya ce min ga layi tsakanin manyan daraktoci masu mutunta mace da ƙanana masu cinikinta sai in ce a sake duba layin nan.

Gaskiyar magana zaman kashin dankali ake yi. Gidajen silima a Italiyar lokacin hawa uku ne, na farko a tsakiyar manyan birane inda masu sharhi ke zuwa, na biyu, sai na uku a unguwannin talakawa da ƙauyuka inda tikiti ke da araha, leburori da samari masu hidimar soja ta dole su ne 'yan kallo, ana shan taba ana ihu ana shiga ana fita a tsakiyar fim. Mai sharhin jaridar 'yan gurguzu yana ganin waɗannan fina-finai banju ne da ake ba talaka don ya manta da gwagwarmaya, na jaridar coci yana ganin zunubi ne, duk sun haɗu a kan raini ɗaya. Amma ma'aikatan fa ɗaya ne. Malizia na Salvatore Samperi a 1973, labarin 'yar aikin gida a Sisiliya da mazan gidan suka sa wa ido, wanda a yau ba na jin za a yarda a shirya shi yadda aka shirya, Vittorio Storaro ne ya ɗauki hotonsa, mutumin da ya zo ya ci Oscar har uku. Jarumar, Laura Antonelli, ta ci kyautar 'yan jaridar fim ta Italiya da shi, bayan shekara uku babban darakta Luchino Visconti ya ɗauke ta a fim ɗinsa na ƙarshe, nan take ta zama 'yar wasa ta gaske a bakin waɗanda jiya suke ce mata jiki kawai. Ennio Morricone ya yi wa irin waɗannan fina-finai kiɗa ba adadi. Kai har waƙar nan ta Mah Nà Mah Nà da 'yan tsanan Muppet suka sa yaran duniya suke rerawa, Piero Umiliani ya yi ta ne a 1968 don wani fim na leƙen asirin rayuwar mutanen Suwidin.

Tinto Brass shi ne wanda ya fi rikita masu sikeli. Ya fara a matsayin ɗan gaban goshin masu sharhi, ya yi zama a Faris wajen taskar fina-finai, ya yi aiki ƙarƙashin babban darakta Rossellini, fim ɗinsa na farko a 1963 a bikin Benis aka haska shi. Sai ga Caligula, wanda mai mujallar batsa ta Penthouse Bob Guccione ya zuba wa kuɗi, Gore Vidal ya rubuta, manyan 'yan wasan Ingila su Malcolm McDowell da Helen Mirren da Peter O'Toole da John Gielgud suka fito. Aka yi rigima, Guccione ya ƙwace fim ɗin daga hannun Brass ya je ya ɗauko zallar batsa ya cusa, Vidal ya cire sunansa, Brass ya ce ba nasa ba ne, mai sharhin Amurka Roger Ebert ya tashi ya fita bai gama kallo ba ya ce shara ce abar kunya. A 2023 aka sake haɗa shi daga tsofaffin faifan da aka ɗauka aka haska a sashen fina-finan tarihi na Cannes, Brass ya sake cewa ba ruwansa. Shi kuwa tun 1983 da ya yi La chiave da Stefania Sandrelli, daga littafin marubucin Japan Tanizaki, ya mai da labarin Benis ta 1940, ya samu kasuwa, sai ya zauna a nan bai ƙara tashi ba, Miranda, Paprika, Monella, yana yawo da sigari a baki yana tsokanar 'yan jarida. Ni a ganina ya iya kyamara ya iya haɗa hoto, ba mai musun wannan, amma bayan La chiave abu ɗaya ya yi ta maimaitawa har ya zama abun dariyar kansa, kuma masu cewa annabin 'yancin mata ne sun yi nisa da yawa.

Jijiyar ta ƙafe ne ba don wa'azi ba. A 1976 kotun tsarin mulki ta buɗe ƙofa ga tashoshin talabijin masu zaman kansu, suka cika ƙasa suna haska irin wannan kaya da daddare kyauta, gidajen silima na zallar batsa suka buɗe suka janye masu neman abun da ya fi haka, kaset ya zo ya ƙarasa. Ƙasar da a 1955 ta sayar da tikiti sama da miliyan 800, a tsakiyar shekarun 1980 ko miliyan 150 ba ta kaiwa. Silimar hawa na uku ta mutu, da ita da abincinta.

To wankin ya fara ne da yaran da suka taso suna kallon waɗannan fina-finai a talabijin a sace, suka girma suka zama su ne 'yan jarida. Mujallar Nocturno ta fito a 1994 tana bin tsofaffin daraktoci gida-gida tana hira da su, Walter Veltroni wanda ya zo ya yi ministan al'adu ya yi magajin garin Rum ya yabi Ubalda a rubuce mutane suka riƙe baki, Marco Giusti ya fitar da ƙamus ɗinsa na irin waɗannan fina-finai mai suna Stracult a 1999 ya biyo da shirin talabijin mai wannan suna, kuma shi ne cikin waɗanda suka tsara sashen Benis na 2004. Sai tambarin Amurka ya zo ya rufe, Tarantino ya sa wa wani janar suna Ed Fenech a fim ɗinsa na 2009, Eli Roth ya gayyato Fenech ɗin kanta ta fito a nasa a 2007, lokacin ta riga ta zama furodusa mai kamfaninta. Ba a jin maganar ɗan gida sai baƙo ya maimaita, wannan ciwon ba mu kaɗai ke da shi ba ashe. Kar kuma a manta da ɗan kasuwa, kamfanonin faifai na Amurka da Ingila sun gano cewa fim ɗin da aka saya da araha in aka goge shi aka sa shi a kwali mai kyau da ɗan littafi da sharhin farfesa, magidanci mai kewar ƙuruciya zai biya kuɗi mai kauri.

Wankin ya yi amfani ta wani ɓangaren, ban ƙi ba. An ceto kiɗa, an gane darajar 'yan wasan barkwanci irin su Banfi da Renzo Montagnani, an fahimci cewa in kana son ganin kicin da kayan sawa da tsoron magidancin Italiya na 1975 a nan za ka gani fiye da a fina-finan manya. An kuma gano fim ɗaya na iya samun kwafi uku ko huɗu, tunda a lokacin ba a ɗaukar murya a wajen aiki sai daga baya a ɗora, kamar dai yadda ake ɗora Hausa a kan fim ɗin Indiya, sai a yi na gida mai sauƙi, na waje kuma a cusa masa abun da su 'yan wasan ma ba su san an sa ba, da jikin wasu. Wato wani lokacin mai sharhin Faransa da na Italiya ba fim ɗaya suka kalla ba.

Amma akwai inda ruwan bai kai ba, kuma ni a matsayina na ɗan Afirka nan ne ya fi min ciwo. A 1974 Faransawa suka yi Emmanuelle ya ci kasuwa, a 1975 Italiyawa suka cire harafin m guda ɗaya don kauce wa shari'a suka yi Emanuelle nera, wato baƙar Emanuelle, Bitto Albertini ya ɗauka a Kenya, Joe D'Amato ya karɓa ya yi ta jan zaren. Jarumar, Laura Gemser, haifaffiyar Surabaya ce ta Indonesiya da ta taso a Holan, amma a idon furodusa duk wadda ba fara ba baƙa ce, magana ta ƙare. Kafin ita akwai Zeudi Araya 'yar Eritiriya a 1972. Ƙasar da ta mallaki Eritiriya da Somaliya da Libiya ta kuma mamaye Habasha a 1935, sojojinta suna rera waƙar 'yar baƙar fuska da za su je su kai wa wayewa, ita ce bayan shekara arba'in take sayar da wannan mafarkin a silima, Afirka daji ce da ganga da namun dawa inda Bature ke zuwa ya sauke kunyarsa. Masu kare jerin suna cewa ai 'yar jarida ce mai ɗaukar hoto, mai zaman kanta, tana fallasa masu safarar mata. Haka ne a takarda, amma kyamarar da ke cewa tana fallasa cinikin ita ma shi take yi.

A 2021 ministan al'adu Dario Franceschini ya sanar da soke tace fina-finai a Italiya kwata-kwata, yanzu rarraba su kawai ake yi bisa shekaru. A 2023 wani kamfanin Amurka, Severin, ya fitar da kwali guda mai fina-finan baƙar Emanuelle sama da ashirin, an goge su tas, da littafi mai kauri na sharhi. Laura Antonelli ta mutu a 2015 a Ladispoli cikin kaɗaici da rashin abun hannu. Ita kuwa Gemser tun farkon shekarun 1990 ta bar gaban kyamara, ta ɗan yi aikin tsara wa 'yan wasa tufafi a kamfanin D'Amato, mijinta Gabriele Tinti ya rasu a 1991, ta janye jikinta daga harkar, masoya suna ta buga riguna da hotonta ita kuwa ta rufe ƙofarta.